Akuyar Da Na Cire

Litinin, 8 ga Mayu, 2006, ƙarfe goma na safe

Monica ba ta gaishe ni ba yau ma. Shekara shida muna ofis ɗaya a ma'aikatar nan, teburinta yana kallon nawa, ita tana buga takardu, ni ina kula da kasakasan bidiyo. Ko ranar da zazzaɓi ya kusa kayar da ita sai da ta ce, "Oga Ilyasu, ina kwana." Yau ta dire mini fayil kamar mai jefa wa kare ƙashi, ta koma ta zauna.

Ni dai ban ga laifina ba. Mutum da ƙafarsa ya shiga gidan kallo don a ba shi tsoro, an ba shi, sai ya kwaso tsoron ya kai gida ya ɗora wa maƙwabciyarsa. Wannan wautar 'yan kallo ce, ba aikina ba ne in raba wa mutane hankali.

Fim ɗin Datti ne. Ba zan rubuta sunansa a littafin nan ba. Datti ne darakta, ni kuwa aikin bayan ofis nake yi masa, haɗa hoto da sa sauti. A watan Janairu muka rasa ƙauyen da za mu ɗauka, Monica ta ce mu zo nasu, wata unguwa can bayan Paikon Kore. Kwana huɗu muka yi, mahaifiyarta Mama Magdalena tana daka mana sakwara safe da yamma. Shi ke nan abin da ya faru.

Talata, 9 ga Mayu, ƙarfe biyu na rana

Monica ta tare ni a kan matakala.

"Oga Ilyasu, ka san aikin Mama?"

Na ce na sani, ungozoma ce.

"Shekara talatin da wani abu. Rabin garin nan a hannunta ya sauka. Yanzu in ta taho yara suna gudu. Mai ciki in ta hango ta sai ta juya baya."

Ta ce tun da aka haska fim ɗin a gidan kallon unguwarsu abu ya lalace. Mako guda bayan haka matar wani manomi mai suna Yamusa ta yi ɓari. Mama ta duba cikin kafin nan, ta shafa shi kamar yadda take yi wa kowace mace. Yanzu Yamusa yana bin gari yana cewa shi da idonsa ya ga abin da tsohuwar take a talabijin. Mai unguwa ya sa zama ranar Asabar, 27 ga wata. A nan za a yanke ko ta zauna ko ta bar garin.

Na ce ai ba ma cikin 'yan wasa take ba, giftawa kawai ta yi.

Monica ta ce, "Shi ne nake tambaya. Wa ya saka ta a ciki?"

Aka kira ni ofishin shugaban sashe, na tafi.

Laraba, 10 ga Mayu, ƙarfe bakwai na safe

Daƙiƙa goma sha ɗaya ce fa Mama ta yi a fim ɗin. Ko kalma ɗaya ba ta faɗa ba.

Juma'a, 12 ga Mayu, bayan masallaci

Na je wurin Datti a Wuse. Ya koma sabon ofis hawa na uku, ta taga ba abin da kake gani sai ƙarafan gini suna tashi sama. Kowa a Abujar nan gini yake yi, har Datti, wanda bara a kabukabu yake yawo.

Na faɗa masa komai. Ya yi dariya har yana riƙe ciki.

"Ilyasu, wannan ai nasara ce. In mutane sun ɗauka gaske ne, aiki ya yi kyau ke nan. Ka san a Kaduna da Nyanya wurin nan kawai ake cewa a maimaita?"

Na ce matar ta ciyar da mu kwana huɗu. An ci moriyar ganga, yanzu za a yar da kwaurenta? Na ce a janye faifan, a cire wurin, a sake bugawa.

"A janye daga ina? Ya kai Yamai, ya kai Kumasi. Business ne, malam." Sai ya kwantar da kujerarsa, ya dube ni. "Tsaya ma tukuna. Ni a rubutuna babu tsohuwa. Wa ya tsinto ta a kaset? Wa ya kira ni a waya yana cewa in zo in ga abin da ya samo?"

Mutum ne marar kunya. Ko ruwa bai ba ni ba. Na tsani yadda yake magana da murmushi, na tsani sabon agogonsa, na tsani ofishin gaba ɗaya.

Lahadi, 14 ga Mayu, bayan la'asar

Na je Dei-Dei, wani gidan kallo na langa-langa a bayan kasuwar katako. Al'adata ce in fim ya fito in je in zauna a baya. Ba talabijin nake kallo ba, ƙeyar mutane nake kallo. Direbobin roka ne da 'yan dako da dillalan shanu, maza ƙarti waɗanda ko bijimi ya kwance ba sa gudu.

Hausawa suka ce ido wa ka raina, wanda kake gani kullum. To a sana'armu ba haka ba ne. Abin da suka gani sau ɗari shi ne yake kaɗa musu hanji. Ka kawo musu sabon abu su yi ta tambayar juna me ke nan. Amma yarinya ta ɗauki fitila ta nufi ƙofar da aka hana ta buɗewa, tun ba ta kai ba wani ya ce, "Kar ki buɗe, 'yar banza." Fitila ta fara lumshewa, suka gyara zama. Kiɗa ya tsaya cak, kowa ya riƙe numfashi, don sun san in kiɗa ya tsaya abin yana bayanka. Ba wanda ya rubuta musu wannan, finafinai ne suka horar da su, har sun zama kamar dokin da ya san hanyar gida. Kai dai ka ja linzami kaɗan, sauran tsoron su za su ƙarasa da kansu.

Sai wurin ya zo. Hanya ce tsakanin gonakin doya, rana ta yi ja. Mama tana tafiya a hankali, ƙatuwar ƙwarya a kafaɗarta, don matan Gbagyi a kafaɗa suke ɗaukar kaya, shi ya sa wuyanta ya ɗan karkace. Sautin ya fara, siririn kuka mai shiga haƙori. Ta tsaya. Ta waiwayo. Ta kafe idonta.

Wani dillali kusa da ni ya ce, "A'uzu billahi, ga ta nan." Ba wanda ya gaya masa ko wace ce. Tsohuwa ce, ita kaɗai, ta waiwayo, ga sauti. Ya gama yanke mata hukunci.

Na ji kamar in tashi in kashe musu talabijin in zage su ɗaya bayan ɗaya. Abin da ya fi ba ni haushi, da ɗakin ya yi tsit, wani abu a ƙirjina ya ji daɗi. Na rubuta ne don haka ya faru.

Talata, 16 ga Mayu, tsakar rana

Monica ba ta zo aiki ba. An ce an jefi rufin ɗakin Mama da duwatsu.

Alhamis, 18 ga Mayu, ƙarfe biyar na yamma

Mun yi faɗa da matata Hadijatu. 'Yarmu Ameera ta dawo daga makaranta ta sa faifan, sautin yana farawa uwarta ta fito daga kicin da gudu ta kashe, ta ce tsigar jikinta tashi take yi.

Na ce haba Hadijatu, ke fa a gabanki aka yi shi. Kofin tangaranki ne na kayan aure. Na jiƙa yatsa ina zagaya bakinsa yana kuka, na ɗauka, na rage masa gudu, na haɗa da ƙarar fankar ofishinmu da ta ƙi gyaruwa. Ke ce ma kika riƙe mini makirfon kina dariya.

Ta ce, "Na sani, Baban Ameera. Sanin bai hana ba. Tun ranar ban ƙara shan shayi a kofin ba."

Na ce to ka ji, ga mai digiri ma ke nan, ina ga Yamusa. Na yi ta faɗa a kan jahilci, a kan mutanen da ba sa bambanta wasa da gaske. Ta bar ni har na gaji, sannan ta ce:

"Kana ta zagin masu tsoro. Shi mai ba da tsoron ba shi da suna ne?"

Ban ci abinci ba. Ita ma ba ta ce in ci ba.

Asabar, 20 ga Mayu, ƙarfe tara na safe

Na ɗauko asalin kaset ɗin, wanda ba a taɓa ba. Na san inda yake, ban dai so in duba ba.

Mai kamara ne yake gwada haske, ya ajiye ta a ƙasa, Mama ta gifta tana dawowa daga gona. A asalin tafiyarta da sauri take, har tana 'yar waƙa. Ana jin zakara, ana jin wani cikinmu yana neman a miƙo masa ruwa. Ta tsaya ta waiwayo ne saboda akuyarta ta tsaya cin ganyen rogo a gefen hanya. Farar akuya mai baƙin kunne ɗaya. Kallon da ya hana 'yan Dei-Dei numfashi, harara ce take yi wa akuya. Bayan nan ta ce mata wani abu da yarensu, ta yi dariya, akuyar ta biyo ta a guje.

Ni na matso da hoton har akuyar ta fita daga gefe. Ni na rage gudun. Ni na kashe zakaran da waƙar. Ni na yanke kafin dariyar. Ni na kira Datti.

To ga shi nan na rubuta. Hadijatu sai ta huta.

Litinin, 22 ga Mayu, ƙarfe sha ɗaya

Na faɗa wa Monica. Ban yi kwana-kwana ba, na ce ni ne. Ta ci gaba da buga takardarta har ta kai ƙarshen layi.

"Na sani tun tuni. Sunanka yana ƙarshen fim ai, na iya karatu. Ina jira ne in ga ko bakinka zai iya faɗa."

Na ce zan zo zaman ranar Asabar da talabijin da janareta da kamara, in nuna wa mutane asalin. Ta ce in zo, amma kar in sa ran sakwara.

Asabar, 27 ga Mayu, ƙarfe shida na yamma

Na dawo yanzu. An ci nasara.

A ƙarƙashin mangwaron ƙofar mai unguwa aka zauna, gari kaf ya fito. Mama tana kan tabarma ita da Monica, an bar fili zagaye da su kamar masu cutar da ake ɗauka. Yamusa yana gaba. Dogo ne, ramamme, idonsa ja.

Na fara da na fim. Sautin yana tashi mata suka janyo 'ya'yansu. Sannan na sa asalin. Ga zakara, ga waƙa, ga akuya. Da Mama ta harari akuyar, wata tsohuwa ta kece da dariya, ta ce ai kowa ya san ɓarauniyar akuyar nan, ko jiya ta ci mata gyaɗa. Na sake sa hoton fim ɗin, amma da kiɗan biki a ƙarƙashi. Aka yi ta dariya, wani ya ce Mama za ta kai amarya. Na fito da kofin Hadijatu, na jiƙa yatsa, na sa shi kuka a gabansu. Na ce ga aljaninku nan, a kasuwar Wuse aka saye shi.

Sai Yamusa ya miƙe.

"Oga, kai da bakinka ka ce ka iya cire akuya. Wanda ya iya cirewa ya iya sakawa. Wannan na yau shi ne ƙarya. Na farkon ba ka san abin da kamara ya kama ba, shi ya sa ya fito gaskiya."

Na ga kawuna suna gyaɗawa. Wallahi raina ya ɓaci, ban san lokacin da na jona kamarar da talabijin ba. Na durƙusa ƙasa, na saita ta daga ƙasan haɓarsa, na matso da fuskarsa har ta cika akwatin. Na kunna sautin. Na ce kowa ya yi shiru. Sannan na kira sunansa daga gefe, ya waiwayo.

Ba wanda ya yi dariya. Ga mutumin tsaye a gabansu da ransa, amma talabijin suke kallo. Wata mata ta rufe idon ɗanta. Na kusa da shi suka ja baya taku biyu. Shi ma ya ga kansa. Ya tsaya yana kallo, bakinsa a buɗe, sannan ya juya ya ratsa mutane ya tafi, suna dare masa hanya.

Na ce, "To, shi ma maye ne?"

Mai unguwa ya ce magana ta ƙare, Magdalena tana nan a gidanta, wanda ya ƙara jifan rufinta shi da hukuma. Na kwashe kayana. Rabon da in ji sanyi a raina haka tun farkon wata.

Lahadi, 28 ga Mayu, hantsi

Akwai abin da ban rubuta jiya ba.

Ina naɗe waya Mama ta taso ta zo. Na durƙusa na gaishe ta, na fara ba da haƙuri. Ta ɗaga hannu.

"Ɗana, wancan ya wuce. Ba ka san ni ba, ka ga tsohuwa ka ɗauka. Amma na yau fa?"

Na ce Mama ai don in wanke ki ne.

"Yamusa a hannuna ya sauka. Da ƙafa ya fito, uwarsa ta kusa mutuwa. Yaron nan ɗa ya rasa, na uku ke nan. Ba shi da inda zai ajiye zafin, ya ajiye a kaina. Ni zan iya ɗauka. Kai ka zo daga Abuja da janareta ka yi masa abin da ka yi mini, kuma yau kana sane."

Ba ta ɗaga murya ba. Da ma zagina ta yi. Tun jiya nake neman wanda zan ji haushi, na bi Datti, na bi 'yan kallo, na bi Yamusa, duk ba su ishe ni ba.

Alhamis, 1 ga Yuni, ƙarfe ɗaya

Monica ta ce yara sun koyi sautin da baki. In Yamusa ya wuce sai su bi shi suna yi, in ya waiwaya su watse da ihu. Masu taya shi huɗar doya biyu sun daina zuwa. Ba mai shiga gidansa sai mutum ɗaya. Kullum da safe Mama tana kai wa matarsa kunu, ta zauna a ƙofa.

Na tambaya ko mata sun dawo kiran ta. Ta ce biyu sun haihu a makon nan, duka an ɗauko wata ungozoma daga ƙauyen gaba. Sun yarda ba ta yi komai ba, amma wai in ta dube su sai su tuna.

Garin gyaran gira ke nan.

Laraba, 7 ga Yuni, ƙarfe huɗu

Datti ya bugo. Za a yi kashi na biyu, wai in tambayi Monica ko tsohuwar za ta yarda, wannan karon da sunanta a jikin faifai. Na faɗa masa abin da ba zan rubuta ba, har masinja ya leƙo.

Asabar, 10 ga Yuni, ƙarfe sha biyu na rana

Mama ta bar garin. Ba wanda ya kore ta. Ta ce wa Monica garin da ba a buga maka ƙofa ba garinka ba ne, gara ta tafi da ƙafarta. Ta koma ɗakin Monica a Gwagwalada, ciki ɗaya, bayan gidan mai. Yamusa ne ya ɗaukar mata kaya zuwa bakin titi, ya tsaya har mota ta tashi.

Da hantsi aka buga mana ƙofa a nan Kubwa. Monica ce, da igiya a hannu. Farar akuya mai baƙin kunne ɗaya.

"Babu wurin dabba a gidan haya. Mama ta ce a kawo maka. Ta ce tun farko kai ka raba su, to ka riƙe."

Na ce ta shigo ta sha ruwa. Ta ce mota na jira. Da ta kai ƙofa ta juyo ta ce, "Oga Ilyasu, sai Litinin." Wannan ce gaisuwar farko cikin wata guda, kuma ban ji daɗinta ba.

Na ɗaure akuyar a gindin gwaiba. Ameera ta ba ta dusa, ta ƙi ci. Ta juya fuska wajen ƙofa tana kuka, dogon kuka mai rawa a ƙarshe, ba ta fasawa. Na zauna a baranda ina saurare. Can na kama kaina ina lissafin in aka rage masa gudu da rabi, aka sa shi daidai inda kiɗa ya tsaya, ba ɗan kallon da zai iya zama a kujerarsa.

Har na miƙe zan ɗauko makirfon.

Hadijatu tana bakin ƙofa tana kallona. Na koma na zauna. Akuyar tana nan tana kiran ta.